Ciwon Dajin Huhu: Kuskuren Rubutu a Cikin Jiki da Sabbin Magungunansa

 

Kwanan baya mun kai ziyarar aiki wata cibiyar yaƙi da jahilci, a wani ƙauye na jihar Maraɗi. Bayan an tashi daga aji, wani ɗalibi magidanci ya tsaida mu. Ya ce wansa ya yi wata huɗu yana tari. Ya rame, wani lokaci har da jini cikin majina. Mutumin ya fi shekara 20 yana shan taba. Sun ji a rediyo cewa Turawa sun gano maganin ciwon dajin huhu, har ma suna gyara halittar mutum. Sai ga wani mai tallar magani ranar kasuwa, ya ce yana da irinsa. Iyalin suna shawarar sayar da san huɗa domin su saya. Ɗalibin ya ce: «Malam, mu sayar, ko kada mu sayar?»

Mun ce masa kada su sayar. Su kai mara lafiya asibiti tukuna, a auna majinarsa. Mun kuma yi wa ajin alkawarin darasi a kan wannan batu. Ga shi mun cika. Mu karanta a hankali, sashe bayan sashe, domin mu san abin da yake gaskiya cikin labarin rediyo, da abin da aka ƙara masa gishiri.

Mene ne ciwon dajin huhu?

Kowane mutum yana da huhu biyu cikin ƙirji. Da su muke shaƙar iska. Huhu, kamar sauran jiki, an gina shi ne da wasu ƴan ƙananan abubuwa masu rai, waɗanda ido ba ya gani sai da madubin likita. Sunansu ƙwayoyin halitta. Kamar yadda ake gina ɗaki da tubali, haka aka gina jiki da su.

Ƙwayoyin halitta suna tsufa, suna mutuwa, sabbi suna maye gurbinsu. Ƙwaya ɗaya takan rabu biyu, biyu su zama huɗu. In an samu adadin da jiki ke bukata, sai su dakata. Amma wani lokaci ƙwaya ɗaya takan ƙi dakatawa. Ta yi ta rabuwa ba ƙaƙƙautawa, har ta tara ƙari. Ƙarin ya toshe hanyar iska, ya ci naman da ke kusa da shi. Daga baya ya bi jini ya tafi ƙashi, ko hanta, ko ƙwaƙwalwa. Wannan shi ne ciwon daji, wanda wasu ke kira sankara.

Ciwon daji ba ya yaɗuwa daga mutum zuwa mutum. Ba a ɗaukarsa ta tari, ko ta cin abinci tare. Saboda haka babu dalilin gudun mai shi.

A lissafin Hukumar Lafiya ta Duniya, wato OMS, mutum kusan miliyan 2 da rabi suka kamu da ciwon dajin huhu a shekarar 2022, kuma kusan miliyan 1 da dubu 800 suka mutu. Cikin dukan nau'o'in ciwon daji, shi ya fi kisa a wannan shekara.

Rubutun da ke cikin jiki

Wa ke faɗa wa ƙwayar halitta lokacin rabuwa da lokacin dakatawa? Mu manoma mun san wani abu. In mun shuka gero, gero ke fitowa, ba dawa ba. Ke nan cikin ƙwayar iri akwai umarnin da take bi. Haka yake a jikin mutum. Cikin ƙwayar halitta, Allah ya ajiye wani dogon zare mai ɗauke da umarni. Masana suna kiransa ADN. Mu a nan za mu kira shi rubutun gado, domin rabinsa daga uwa muka gaje shi, rabi daga uba.

A shekarar 1953, a ƙasar Ingila, masana suka gano siffar wannan zare. Rubutu ne mai haruffa huɗu kawai: A, C, G da T. Amma jerinsu ya kai harafi miliyan dubu 3. An kasa shi shaɗara shaɗara, kusan dubu 20, kowace shaɗara da aikin da take umarta. A shekarar 2003 aka sanar da kammala babban aikin karanta rubutun gadon ɗan Adam.

Mu da muka koyi karatu da girmanmu mun san darajar harafi guda. Mun san «baki» daban, «baƙi» daban. Yanzu mu dubi waɗannan kalmomi biyu: «ƙare» da «ƙara». Harafin ƙarshe kawai ya bambanta. A ce umarnin da ke cikin ƙwayar huhu shi ne «a ƙare». Sai aka samu kuskure, ya koma «a ƙara». Ƙwayar ba ta da wayon gane kuskure. Abin da aka rubuta shi take bi: a ƙara, a ƙara, a ƙara. Kuma duk ƙwayar da ta haifa, da wannan kuskure za ta fito. In irin waɗannan kurakurai suka taru cikin ƙwaya ɗaya, sai ciwon daji ya tsiro.

A lura da kyau: yawancin waɗannan kurakurai ba daga iyaye aka gado su ba. Cikin rayuwar mutum suke faruwa, a cikin huhunsa. Ba ya ba da su ga ɗiyansa.

Me ke ɓata rubutun?

Babban mai ɓarna shi ne hayaƙin taba. A shekarar 1950, wasu masana biyu na Ingila, Richard Doll da Bradford Hill, suka binciki marasa lafiya a asibitocin Landan. Suka tarar kusan duk masu ciwon dajin huhu mashaya taba ne. Tun daga nan bincike ya yi ta tabbatar da haka. Cikin hayaƙin taba akwai sinadarai fiye da 7000, kuma kusan 70 daga cikinsu suna haddasa ciwon daji. Kowace zuƙa tana taɓa rubutun gadon huhu, kamar ruwan sama a kan allon da aka rubuta da tawada. OMS ta ce cikin masu ciwon dajin huhu 100, kusan 85 taba ce sanadi.

Sigari, lofe da shishar da samari suka rungumo, duk hayaƙi ne. Wanda ke zaune kusa da mai sha, shi ma yana shaƙa: mata, yara da abokan hira.

Akwai sauran masu ɓarna. Akwai hayaƙin icce da na kara cikin rufaffen ɗakin girki, wanda mata ke shaƙa shekara da shekaru. Akwai hayaƙin injin gazuwal. Akwai wata iska marar wari mai suna radon, wadda ke taruwa cikin ramukan haƙar ma'adinai. Wasu kuma suna kamuwa ba tare da sun taɓa shan taba ba. Don haka kada mu ɗora wa kowane mara lafiya laifi.

Magungunan da aka saba da su

Hanyoyi uku aka daɗe ana bi. Ta farko ita ce fiɗa: a yanke ɓangaren huhun da ke da ƙari. Wannan takan warkar, in an gano ciwon da wuri, tun bai bazu ba. Ta biyu ita ce gashi: a haska wa ƙarin wani haske mai ƙarfi da na'ura, ya ƙone. Ta uku ita ce maganin ƙarin ruwa da ake kira shimiyo.

Shimiyo yana kashe ƙwayoyin halitta masu saurin rabuwa. Sai dai ba ya tantance mai laifi da marar laifi. Ƙwayoyin gashi, na hanji da na ɓargo su ma masu saurin rabuwa ne. Shi ya sa gashi ke zuba, amai ke zuwa, jini ke raguwa. Kamar manomi ne da ƙuduji ya dama, ya fesa maganin da ke ƙone ƙuduji, amma yana taɓa geron. Duk da haka shimiyo ya tsawaita ran mutane da yawa, kuma har yau ana aiki da shi.

Magani mai saiti

Da masana suka iya karanta rubutun gado, sai suka yi tunani: in mun gano ainihin shaɗarar da ta ɓaci, me zai hana mu yi maganin da zai nufe ta ita kaɗai? Wannan shi muke kira magani mai saiti. Kamar maharbi ne da ya saita kibiya kan dabba ɗaya, bai sa wa daji duka wuta ba. Yawancin irin wannan magani na haɗiya ne, ana shansa a gida kullum.

Ga yadda labarin ya faro. A shekarar 2002 ƙasar Japan ta yarda da wani magani mai suna gefitinib, Amurka ta biyo baya a 2003. Likitoci suka ga abin mamaki. Yawancin masu shansa bai yi musu wani amfani ba. Amma a Amurka, kusan mutum 1 cikin 10, ƙarinsa ya motse cikin ƴan makonni, numfashi ya dawo. Me ya bambanta su da sauran?

Amsa ta fito a shekarar 2004, daga masu bincike na birnin Bostan. Waɗanda maganin ya yi wa aiki suna da kuskure a wata shaɗara mai suna EGFR. Aikin wannan shaɗara kamar kan famfo ne. In jiki yana son sabbin ƙwayoyi, sai a buɗe. In sun isa, sai a rufe. Kuskuren yana sa kan famfon ya maƙale a buɗe. Maganin kuwa toshiya ce da aka sassaƙa daidai bakin wannan famfo. Wanda ciwonsa ya fito daga wani kuskure daban, toshiyar ba ta shiga, ko ya sha buhu guda.

An kuma gano cewa wannan kuskure ya fi yawa ga mata da waɗanda ba su taɓa shan taba ba. A nau'in ciwon da ya fi yawa, ana samunsa ga mutum 10 zuwa 15 cikin 100 a ƙasashen Turai. A gabashin Asiya kuwa, kamar Sin da Japan, ya kusa rabi.

A shekarar 2007, wani masani ɗan Japan mai suna Hiroyuki Mano da abokan aikinsa suka gano kuskure na biyu. A nan shaɗara biyu ne suka tsinke, suka manne da juna, suka ba da umarnin da babu shi a asali. Ana kiran wannan kuskure ALK. Kusan mutum 4 ko 5 cikin 100 ke da shi, sau da yawa masu ƙarancin shekaru. Bayan shekara huɗu, a 2011, aka fito da maganinsa na farko mai suna crizotinib.

Akwai kuskure na uku mai suna KRAS, wanda ya fi yawa ga mashaya taba. An san shi tun farkon shekarun 1980, amma ya gagari masana kusan shekara 40. Sai a 2021 aka samu magani na farko, sotorasib, kuma wani reshe ɗaya na kuskuren kawai yake kamawa.

Wane amfani aka gani? Ga misali biyu. A shekarar 2024 aka ba da sakamakon wani gwaji a kan masu kuskuren ALK waɗanda ciwonsu ya riga ya bazu. Cikin 100 da suka sha sabon magani mai suna lorlatinib, 60 sun kai shekara biyar ciwon bai ci gaba ba. Cikin 100 da suka sha tsohon, wato crizotinib, 8 kawai suka kai haka. A shekarar 2023 kuma, wani gwaji ya dubi masu kuskuren EGFR da aka yi wa fiɗa. Cikin 100 da aka ba osimertinib bayan fiɗar, 88 suna raye bayan shekara biyar. Cikin 100 da ba a ba su ba, 78 ne. Wannan ci gaba ne na gaske, kuma abin godiya ne.

Iyakar magani mai saiti

Amma kowane gulbi yana da gaɓa. Ga iyakoki huɗu da ya kamata mu sani.

Na ɗaya: ba a shansa da ka. Sai likita ya gutsuro ɗan ƙarin, an kai shi ɗakin awo, an tabbatar ciwon daji ne, sa'an nan an karanta rubutun gadonsa. In babu kuskuren da maganin ke nema, shansa asarar dukiya ce da asarar lokaci. Da yawa cikin masu ciwon ba su da kuskuren da ake da maganinsa, musamman waɗanda taba ta jawo wa, domin taba ba shaɗara ɗaya take ɓatawa ba, shafi duka take damewa.

Na biyu: ciwon yana koyon kauce wa maganin. Dattawanmu sun tuna lokacin da nibakin ke kwantar da zazzaɓin cizon sauro. Daga baya ya daina ci, domin ƙwayar cutar ta saba da shi, sai da aka sake magani. Haka ciwon daji yake yi. Masu shan gefitinib, yawanci bayan kamar shekara guda ƙarin yakan sake tasowa da wani sabon kuskure. Domin haka aka fito da osimertinib a shekarar 2015. Shi ma daga baya ciwon yakan kauce masa. Ke nan in ciwo ya riga ya bazu, maganin yana danne shi ne, yana ƙara wa mutum watanni ko shekaru cikin sauƙi. Ba kasafai yake tumɓuke shi ba.

Na uku: yana da nasa lahani. Yakan kawo ƙuraje, zawo da bushewar fata. Wani lokaci yakan taɓa hanta, ko zuciya, ko huhun kansa. Dole likita ya riƙa duba mai shansa.

Na huɗu: tsada. A Turai da Amurka, kuɗin wata guda na sabbin magungunan yana kai miliyoyin sefa. Tsofaffin sun yi sauƙi tun da masana'antun ƙasar Indiya suka shiga yin su. A shekarar 2019 OMS ta sa erlotinib, ɗan uwan gefitinib, cikin jerin magungunan da ya kamata kowace ƙasa ta tanada. Amma ko mai sauƙin, sai da awo da takardar likita. Irin wannan magani ba ya zuwa kasuwar ƙauye cikin tire. Wanda ya ce yana da shi, bai auna ku ba, bai san ciwonku ba, kuɗinku yake so.

Gyaran rubutun gado

Magani mai saiti yana toshe famfo ne, bai gyara rubutun ba. Sai wasu masana suka ce: me zai hana mu goge kuskuren, ko mu kai wa ƙwayar halitta sahihiyar shaɗara? Wannan ita ce hanya ta biyu da ɗalibinmu ya ji a rediyo.

Yaya ake kai rubutu cikin abin da ido ba ya gani? Akwai wata ƙaramar ƙwayar cuta mai suna birus, irin mai kawo mura. Sana'arta ke nan kutsawa cikin ƙwayoyin halitta. Masana sukan cire mata dafinta, su ɗora mata sahihiyar shaɗara, su aike ta kamar ɗan aike da wasiƙa. An fara gwada irin wannan magani a Amurka a shekarar 1990, ga wata yarinya ƴar shekara 4 da aka haifa da raunin garkuwar jiki.

A ciwon dajin huhu, gwajin da ya yi suna shi ne na likita Jack Roth, a birnin Hustan na Amurka, a shekarar 1996. Akwai wata shaɗara mai suna p53, wadda za mu iya kira mai gadi. In ƙwayar halitta ta lalace, ita ke tsaida ta, ko ta sa ta mutu. A kusan rabin masu ciwon daji, mai gadin nan ya ɓaci. Likitan ya yi wa mutum 9 allurar sahihiyar p53 cikin ƙarinsu. Ga uku ƙarin ya ragu, ga uku ya tsaya bai ƙaru ba. Amma ciwon bai warke ba. Dalili shi ne, ƙari yana da miliyoyin ƙwayoyi, ɗan aike ba ya isa ga kowace ɗaya. Wadda ya tsallake sai ta sake yaɗo, kamar ƙudujin da aka bar wa iri cikin gona.

Hanyar tana da haɗari kuma. A shekarar 1999 wani saurayi ɗan shekara 18 ya rasu a Amurka cikin irin wannan gwaji, na wani ciwon hanta, domin jikinsa ya yi mummunan faɗa da birus ɗin. Daga nan aka tsaurara dokokin gwaji. A shekarar 2003 ƙasar Sin ta yarda da wani magani mai ɗauke da p53, amma na ciwon dajin kai da wuya ne.

A shekarar 2012, mata biyu masana, Emmanuelle Charpentier ƴar Faransa da Jennifer Doudna ƴar Amurka, suka bayyana wata dabara mai suna CRISPR. Kamar almakashi take, tana yanke rubutun gado daidai wurin da aka nufa. Sun samu babbar kyautar Nobel a 2020. A shekarar 2016, likitoci a birnin Cengdu na ƙasar Sin suka fara gwada ta ga masu ciwon dajin huhu. Ba ƙarin suka gyara ba. Sun ɗebi sojojin jini na mara lafiya, wato ƙwayoyin da ke yaƙi da cuta, suka yanke wata shaɗara da ke taka musu birki, suka mayar da su jiki. Sakamakon ya fito a 2020. Mutum 12 aka yi wa. Aikin bai yi musu mummunan lahani ba, amma bai hana ciwon ci gaba ba.

Inda wannan dabara ta ci nasara shi ne ciwon da muka sani sarai: amosanin jini, wanda muke kira emasi. Shi kuskuren harafi ɗaya ne tak, kuma gadonsa ake yi daga uwa da uba. A ƙarshen shekarar 2023, Ingila da Amurka suka yarda da maganinsa ta hanyar CRISPR. Kuɗinsa a Amurka dala miliyan 2 da dubu 200 na kuɗin ƙasar, wato ya haura miliyar ɗaya ta sefa, ga mutum guda.

Ga ciwon dajin huhu kuwa, gyaran rubutun gado yana matakin gwaji. Ba a sayar da shi a kanti, ko a Turai. Mai nema yana tare da samu, kuma masana ba su gaji ba. Amma iri ne da ke gonar gwaji, ba a raba wa manoma ba tukuna.

Abin da ke hannunmu

To, mu fa? Shin sai mu naɗe hannu, tun da maganin ya yi mana nisa? A'a. Abin da ya fi ƙarfi yana hannunmu, kuma ba ya cin ko dala.

Na farko, kada a ɓata rubutun tun farko. Wanda bai fara taba ba, kada ya fara. Wanda ke sha, ya daina. Ba a makara ba: bayan shekara 10 da dainawa, haɗarin ciwon dajin huhu yana raguwa zuwa kusan rabin na mai ci gaba da sha. Ƙasarmu tana da dokar yaƙi da taba tun shekarar 2006. Ta hana sha a wuraren taruwar jama'a da motocin haya, ta hana sayar wa yara. Mu daina aiken yara sayen sigari. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Na biyu, a rage hayaƙi a gida. A yi girki a fili, ko a ɗakin da ke da taga. A yi aiki da busasshen icce da ingantaccen murhu. Kada a bar jariri cikin hayaƙi.

Na uku, kada a zauna da tari. Tarin da ya wuce mako biyu, a tafi asibiti a auna majina. A ƙasarmu, mai dogon tari da rama, an fi samun tarin fuka gare shi. Tarin fuka yana warkewa da maganin wata shida, kuma kyauta ake ba da shi. Amma alamominsa suna kama da na ciwon daji: tari, jini a majina, ciwon ƙirji, rama, gajiya. In awo bai nuna tarin fuka ba, ko an sha magani tari bai lafa ba, ko murya ta dushe, ko numfashi yana yankewa, a koma. A faɗa wa malamin asibiti gaskiya, shekara nawa aka yi ana shan taba. Shi zai tura mutum babban asibiti domin hoton ƙirji. A Yamai akwai Cibiyar Ƙasa ta Yaƙi da Ciwon Daji. A shekarar 2021 aka fara gashi a can, aikin da a da sai an fita waje.

Na huɗu, in ciwo ya yi nisa, ba a yar da mara lafiya. Akwai maganin rage zafi da sauƙaƙa numfashi. Akwai kulawa, da addu'a, da zama kusa da shi. Wannan ma magani ne.

Da muka koma cibiyar nan bayan wata biyu, ɗalibin ya tare mu da murna. An auna wansa, tarin fuka ne. Yana shan magani, ya fara cin tuwo, ya bar taba. San huɗa kuma yana nan a turke. Ba kowa ke samun irin wannan labari ba. Amma ko da awo ya nuna ciwon daji ne, da zuwa asibitin shi ne daidai, domin babu mai saita kibiya bai ga abin harbi ba.

Sabbin kalmomi

Ƙwayoyin halitta: ƴan ƙananan abubuwa masu rai da aka gina jiki da su.
Rubutun gado: umarnin da ke cikin ƙwayar halitta.
Ƙari: tarin ƙwayoyin da suka ƙi daina rabuwa.
Magani mai saiti: maganin da ke nufar kuskure ɗaya cikin ƙari.
Gyaran rubutun gado: sa sabuwar shaɗara, ko yanke wata, cikin ƙwayar halitta.

Tambayoyi domin tattaunawa a aji

1. Me ya sa magani mai saiti yake yi wa wani aiki, bai yi wa wani ba?
2. Me za ku ce wa mai talla da ya zo da «maganin ciwon daji» ranar kasuwa?
3. Tari ya kai kwana nawa kafin a tafi awo?
4. A ce wani yana shan kara 5 na sigari kullum, kowane kara sefa 25. Nawa yake kashewa a rana? Nawa a kwana 365? Tiya nawa ta gero kuɗin za su saya a kasuwarku?
5. Me ajinku zai iya yi ranar 31 ga watan Mayu, ranar yaƙi da taba ta duniya?

Wanda ya karanta wannan darasi, ya karanta wa wanda bai iya ba. Allah ya ba marasa lafiyarmu sauƙi, ya kare masu lafiya. Sai mun sadu a fitowa ta gaba.